Jegon Barsu

Ummi, sunan mahaifiyata kika ci, saboda haka duk abin da aka ɗora mata, wata rana ke ma zai biyo ki. Gara ki ji daga bakina. Har yau a garinmu akwai masu cewa Inna ta sa wa karyar Baba guba don ta gaji da ganinta a bayan gida. Ƙarya suke yi. Ina wurin aka yi komai, ni na ɗauki karyar da hannuna, kuma zan faɗa miki yadda abin ya kasance ba ƙari ba ragi. Ni ba na iya kewaye-kewaye, in kin girma za ki gane haka.

Shekarar da na gama sakandare Baba ya yanke jiki ya faɗi a ƙofar masallaci. Ɓarin jikinsa na dama ya shanye, harshensa ya yi nauyi, sai ka kasa kunne sosai kafin ka tsinci abin da yake faɗa. Gonarmu ɗaya ce tal, a bakin kanal, ita ce cinmu ita ce shanmu: shinkafa da damina, tumatir da albasa da rani. Ni ce babba, ƙannena duk mata ne, autarmu Hafsa ma ba a daɗe da yaye ta ba. Baffa Sale, ƙanin Baba, ya ce a ba da gonar haya ga wani mai tara gonakin mutane yana zuba shinkafa. Na san irin hayar nan. Gona in ta shiga hannunsu, sai dai ki riƙa hango ta daga kan hanya. Na ce ban yarda ba, ni zan noma. Tun ina ƙarama nake bin Baba, na san jan ruwa da tiyo, na san dashe, na san feshi. Baffa ya yi dariya, ya ce in gwada mu gani.

Abin da ban faɗa wa kowa ba a lokacin shi ne tsoro nake ji. Hanyar gonar doguwa ce, kanal a hagu, masara da rake a dama sun fi tsayin mutum, in rana ta take sai ki yi ta tafiya ba ki gamu da kowa ba. Abin da ke sa ƙafata ta ɗauke ni shi ne Barsu. Karyar Baba ce, ja mai farin ƙirji, ya samo ta don gadin injin ban-ruwa. Da maƙwabta suka yi ta surutu a kan mutum mai salla ya ajiye kare, sai ya raɗa mata wannan suna, ya ci gaba da harkarsa. Da ya kwanta ciwo, ba wanda ya ce mata komai, ita da kanta ta koma bina.

Wata rana da azahar ina durƙushe ina gyara kwamin tumatir, sai wani mutum ya fito daga cikin masarar maƙwabcinmu. Ya rufe fuska da takunkumi, hannunsa ɗaya a cikin riga. Bai yi sallama ba, bai ce komai ba, tahowa kawai yake. Ban ga lokacin da Barsu ta taso daga gindin darbejiya ba, sai dai na ji ƙarar da ban taɓa jin ta yi ba, na ga mutumin ya juya ya afka cikin masara, takalminsa ɗaya a ƙasa. Har yau ban san ko wayata yake so ba, ko injin, ko ni. Labari ya kai kunnen Baffa, ya zo ya tsaya a tsakar gida.

"Nafisa, ki saurare ni da kyau," in ji shi. "Muddin karyar nan tana bin ki, na ƙyale ki. Ran da babu ita, kin bar zuwa, gona kuma ta tafi haya. Ba za a kawo mini gawar 'yar ɗan'uwana daga bakin kanal ba."

Na ce na ji. Kin ga ke nan abincin gidanmu gaba ɗaya a wuyan karya ya rataya.

Ita kuwa Inna, gaskiya ne, ba ta son kare. Barsu ba ta taɓa tsallake zaurenmu ba. A kangon bayan gida take kwana. In ta kuskura ta sansana kwano, sai Inna ta wanke shi da ƙasa da ruwa har hannunta ya gaji. Abincinta ma a fasasshen kasko ake zubawa, Inna ta tsaya daga 'yar ƙofar baya ta tura shi da dogon kara, fuskarta a kawar. Wannan kowa ya sani, kuma a kansa masu gulma suka gina maganarsu. Abin da ba su sani ba shi ne, a duk gidan nan mu ne muke mantawa da tura kaskon nan. Ita ba ta taɓa mantawa ba.

Tumatir ya fara fure Barsu ta haihu a kangon. Ko hutawa ba ta yi sosai ba ta koma bina, nono na jan ƙasa, ta raka ni, ta dawo da gudu ta shayar, ta sake komawa. Nan da nan ta zube. Haƙarƙarinta suka fito, kaska ta cika mata kunnuwa. Wata yamma muna dawowa sai ta zauna a tsakiyar hanya tana haki, na ga dasashinta fari fat kamar takarda. Na shigo gida raina a ɓace, na jefar da fartanya, na ce da ƙarfi ga duk mai ji: karyar nan jininta ya ƙare, in ta mutu mun shiga uku.

Inna tana tankaɗe. Ba ta kiran sunana, da yake ni ce 'yar fari, sai dai ta ce "ke".

"Ke, ai dole ta ƙare. Maijego ce fa. Kun bar maijego da ƙanzo da ruwan kanal? Ko dabba ce, ai haihuwa ta yi."

"To wankan jego za ki yi mata?" na ce.

"Bakinki dai ba ya gajiya," in ji ta. Ta ci gaba da tankaɗenta.

Washegari da safe na ji ƙamshin kunun kanwa. Na ɗauka don Baba ta dama. Na leƙa kango in kira Barsu, na tarar tana lashe kasko, a gefensa wani ja-ja kamar an zuba zoɓo. Ban kawo komai a raina ba. Muka tafi. Na tayar da inji, na fara sakin ruwa kwami-kwami. Can da hantsi na ji wani irin kakari daga gindin darbejiya. Na je na same ta tana amai, kunu ne da wasu 'yan ƙwayoyi da suka narke rabi, sannan jini. Ta yi taku kaɗan ta tsuguna, zawo baƙi ƙirin mai warin da ban taɓa ji ba. Ta dube ni, jikinta na rawa. Na kashe inji, na bar ruwa rabi, muka kamo hanyar gida. Tafiyar da muka saba yi muna sauri, ran nan sai ta yi taku ta kwanta, in tsaya in lallashe ta, ina waige-waige cikin masara, don na san yanzu ko wa ya fito ba mai tare mini.

"Inna! Me kika ba ta?"

"Kunu mana. Da maganin ƙarin jini."

"Wane magani?"

Ta shiga ɗaki ta fito da gwangwanin madara, ta buɗe mini. Ba komai a ciki sai jan gari a gindi. Na gane shi. Jajayen ƙwayoyin nan ne da aka riƙa ba ta a wajen awo lokacin cikin Hafsa. Ba ta sha ba, don suna tayar mata da zuciya, kuma ba ta zubar ba, don Inna ba ta zubar da abin da aka ce magani ne. Duk wata ta karɓo ta ɓare ta juye a gwangwani.

"Guda nawa kika sa?"

"Duka."

"Duka? Inna, duka?"

"To a asibiti cewa suka yi kullum ɗaya. Ni kullum zan riƙa zuwa ina cusa wa kare magani a baki? Na ce bari in haɗa mata gaba ɗaya a kunu, jikin ya riƙa ɗiba a hankali." Ta dubi fuskata, muryarta ta sauka. "Ai na mutane ne. Mai ciki ma ana ba ta. Abin da bai cuci mutum ba zai cuci kare?"

Ban tsaya ba ta amsa ba. Matan maƙwabta sun fara leƙowa, wannan ta ce a ɗura mata manja, waccan ta ce madara. Wa zai ɗura? Ba mai matsowa. Ni kaina, duk zaman da muka yi da Barsu, ban taɓa kai hannu jikinta ba. Ran nan na shimfiɗa buhu a baro, na sunkuya na cicciɓe ta. Jikinta zafi kamar an ɗauko daga kan murhu, kuma ba nauyi, kwandon tumatir rabi ya fi ta. Na tura baron har bakin titi.

Masu adaidaita sahu suka yi ta tsayawa suna leƙawa suna wucewa. Ɗaya ya ce in na yarda zai ɗauke ni, amma fasinjata sai dai ta biyo mu a ƙafa. Na zage shi, ban ɓoye miki ba. Sai ga wata akori-kura ta sauke tumatir tana komawa garin Kura, bayanta cike da kwanduna. Na shiga tsakiyar titi na tsaya. Direban, wani dattijo mai furfura a gemu, ya ja birki yana salati.

"Ke 'yar nan, mutuwa kike nema?"

"Baba, asibitin dabbobi za ka kai ni."

Ya leƙa baro. "Kare? Ni da na yi alwala?"

"Ba a cinyarka zan ɗora ta ba. Ga baya nan."

Ya dube ni ya dubi karyar, ya girgiza kai. "Wanda zai aure ki ya shirya. Hau. Amma in ta yi mini amai a kwando, ke za ki wanke."

A Kura akwai wani likitan dabbobi mai shagon magani, inda Fulani ke sayen na shanu. Ya sa na kwantar da ita a siminti ta bayan shago. Na miƙa masa gwangwanin, da yake na taho da shi. Ya shafa jan garin da yatsa, ya tambaye ni tun yaushe, na ce tun safe. Ya ɗaga leɓenta, ya latsa cikinta, ya nemi jijiya a ƙafar gaba ya sa mata ƙarin ruwa, ni na riƙe ledar a sama don ba inda za a rataya.

"Ƙanwata, ba zan yi miki ƙarya ba," in ji shi. "Sinadarin ƙarfe ne a cikin ƙwayoyin nan. Kaɗan yana gina jini, da yawa yana ƙona ciki da hanji, daga nan ya wuce hanta. An auna shi ne da jikin babbar mace mai ɗauke da ɗa. Dubi wannan, nawa take? Da tana gama sha kika kawo ta, da na sa ta amayar. Yanzu ya riga ya shiga jiki."

"Ba allurar da za ta kashe shi?"

"Akwai wadda ke janye shi daga jini, amma ba ni da ita." Ya buga waya wuri biyu ko uku a cikin birni, ina jin yana cewa to, to, ba komai. Ya sa wayar a aljihu. "Za mu yi abin da muke da shi."

Na ce masa ai bitamin ne kawai, kowa a garinmu yana jefa wa kaji da awaki irinsa a ruwa.

"Na sani, ina ganin sakamakon kullum. Ba duk na mutum ne guba gare su ba, amma ba ke za ki zaɓa ba, kuma ba ke za ki auna ba. Mai ƙarin jini da mai ƙarfafa ƙashi su suka fi yi musu ɓarna. Kare yana da nasa, da nauyinsa ake ba shi. Ita wannan ma ba bitamin take nema ba tun farko. Kaska da tsutsar ciki ne suka shanye ta, ga shayarwa. Maganinsu da abinci mai kyau, da ta tashi." Ya juya gwangwanin a hannunsa. "Akwai ƙananan yara a gidan?"

Na ce akwai.

"Abin da ya yi wa wannan, shi zai yi wa yaro."

Da gwangwanin nan Hafsa ke wasa. Inna kan ba ta shi ta riƙa kaɗawa yana kacau-kacau in tana son ta yi shiru. Murfinsa kawai ya tsaya tsakaninta da abin da ke kwance a gabana.

Da ruwan ya ƙare ya ba ni magunguna, ya ce a raba ta da 'ya'yanta. Sannan ya faɗa mini maganar da ta hana ni sukuni.

"Mai yiwuwa gobe ki ga ta miƙe kamar ba abin da ya same ta. Kada ki yi murna tukuna. Haka wannan gubar take yi, tana lafawa ta dawo. In ta wuce jibi tana ci tana sha, to ki gode wa Allah."

Haka kuwa aka yi. Washegari Barsu ta tashi, ta sha ruwa, ta kaɗa mini wutsiya, har tana neman bina gona. Gidanmu ya cika da hamdala. Baba daga kan tabarmarsa yana ta ƙoƙarin kiran sunanta, hawaye na bin gefen fuskarsa da ya mutu. Inna ta soya ƙosai ta rarraba wa yara sadaka. Na faɗa musu abin da likita ya ce.

"Kul! Daina yi mata mugun fata," in ji Inna. "Ba ga ta nan tsaye ba?"

Ban je gona ba ran nan, na bar tumatir da ƙishinsa. Na zauna a kan dutse a bakin kango ina kallon ta. In ta yi hamma gabana ya faɗi. In ta kwanta in tashi in duba ko tana numfashi. Ban taɓa sanin akwai tsoro irin wannan ba, kowa na dariya ke kaɗai kina jira. Gara mutumin masara, shi ka gan shi da idonka.

Kashegari da safe ta ƙi kallon abinci. Farin idonta ya koma ɗorawa. Na kira likita, ya ce in kawo ta, sannan ya tambaye ni ko tana iya ɗaga kai. Na ce a'a. Ya ce to in bar ta a inuwa, kada in wahalar da ita da hanya. Bayan la'asar numfashinta ya fara sarƙewa. Na ji motsi a bayana. Inna ce a 'yar ƙofar baya, kasko cike da ruwa a ƙasa, kara a hannunta. Ta tura kaskon har gaban bakin Barsu. Barsu ba ta motsa ba. Sai na ga Inna ta saki karan. Ta tako cikin kangon da ba ta taɓa shiga ba, ta tsuguna, ta ɗebi ruwa da tafin hannunta ta kai mata baki. Ta ɗora ɗaya hannun a kanta, tsakanin kunnuwan nan masu kaska.

"Ki yafe ni," in ji ta. "Jego na yi miki."

A hannunta ta cika. Wannan ne masu gulma ba su gani ba.

Ni na haƙa rami a gefen kangon na binne ta. Ban gama wanke hannu ba Baffa Sale ya yi sallama. Ya gaida Baba, ya yi mana jaje kamar an yi rashin mutum, don shi ba mugu ba ne. Sannan ya juyo gare ni.

"Nafisa, kin tuna maganarmu."

Na tuna. Ni kaina na san ba zan iya bin hanyar nan ni kaɗai ba. Sai muka ji muryar Inna daga bayan labule, ita da ba ta sa baki in maza na magana.

"Malam Sale, cewa ka yi kada ta tafi ita kaɗai, ko cewa ka yi sai da kare?"

"Ai duk ɗaya ne, matar Yaya."

"Ba ɗaya ba ne. Ni na kashe mai raka ta. Ni zan raka ta."

Baffa ya dubi Baba. Inna tun da aka kawo ta gidan nan ba ta taɓa taka gona ba, fitarta biki ne ko asibiti ko gaisuwar mutuwa. Baba ya daɗe yana kallon labulen. Sannan ya ɗaga hannunsa mai lafiya, ya nuna ƙofa.

Kafin mu kwanta Inna ta tattaro duk wani magani da ke ɗakinta, na kwalba da na leda da na ƙulli, ta sa na karanta mata su ɗaya bayan ɗaya. Na Baba ta ɗora can saman kwaba. Sauran ta juye a masai, har da gwangwanin.

'Ya'yan Barsu ba su yi rai ba sai ɗaya, mace, ja kamar uwarta. Da safe na fito da fartanya na tarar da Inna a zaure, ta sa dogon hijabi, ta goya Hafsa, taɓarya a kafaɗa. A ƙasa ga kwando, 'yar kwikwiyon a ciki, da kwalbar nonon akuya.

"Ke, kira likitan naki ki tambaye shi," in ji ta. "Nonon akuya ya halatta, ko shi ma sai an auna?"

Na kira. Ya ce a ba ta kaɗan-kaɗan, da ɗumi, in ta yi ƙwari a kawo ta ya ba ta na tsutsa. Sai da ta ji da kunnenta sannan ta ɗauki kwandon.

Muka kama hanyar kanal. Tsoro take ji fiye da ni, ina gani. Ganyen masara in ya motsa sai ta ƙanƙame taɓarya, bakinta na motsi da addu'a. Amma ba ta ce mu koma ba, ran nan ko wata rana. Tumatirin da ya sha ƙishi ya zubar da fure da yawa, abin da muka tsinka a shekarar bai kai na shekarar da ta gabace ta ba, sai dai gonar ba ta tafi haya ba, ga ta nan har yau, a cikinta aka noma shinkafar da aka dafa ranar sunanki. Duk ranin nan Inna ta yi shi a gindin darbejiya, daidai inda Barsu ke kwanciya, ƙafafunta sun kumbura da tafiya, tana ɗiga wa 'yar kwikwiyo nono da tsumma, in ta gama ta goge hannunta da ƙasa ta wanke a kanal.

In wani ya ce miki kakarki ta kashe kare, ki ce masa e, ta kashe. Sannan ki tambaye shi wa ya yi gadin gonar bayan nan.